Tarihin Aikin Hafsan Sojan Ruwa a Najeriya

Hafsan sojan ruwa shi ne jami'in da gwamnati ta bai wa takardar naɗi domin ya riƙe jirgin yaƙi, ko wani sashe na jirgin, tare da mutanen da ke aiki a cikinsa. A Najeriya sana'ar ba ta tsufa ba, domin rundunar sojojin ruwa ta ƙasar ta fara aiki ne ranar 1 ga Yuni, 1956. Amma hanyar da ake bi a zama hafsa, da sunayen muƙamai, da al'adun cikin jirgi, duk sun girmi rundunar da kusan shekara 300. Gado ne daga Birtaniya, kuma tun farko har yau a kan sharuɗɗa biyu yake tsaye: mutum ya daɗe a kan ruwa yana koyon aiki da hannunsa, sannan ya zauna gaban waɗanda suka riga shi su jarraba shi.

Tushen sana'ar a Ingila

Har cikin ƙarni na 17, sarakunan Ingila kan ɗora 'ya'yan fada a kan jiragen yaƙi ko da ba su taɓa kwana a teku ba. Tuƙi da sarrafa filafilai da gano hanya aikin wasu mutane ne daban, matuƙan da suka tashi a jiragen fatauci tun suna yara. Ɗan fada yana da iko ba shi da sani, matuƙi yana da sani ba shi da iko, kuma jirage da yawa sun yi asara a tsakanin su biyun. A 1677, zamanin Sarki Charles na Biyu, sakataren ma'aikatar jiragen yaƙi Samuel Pepys ya kawo dokar da ta sauya sana'ar. Duk wanda ke neman muƙamin laftanar, ko ɗan wane ne, sai ya cika shekara 20, ya yi shekara uku a teku, ya kawo takardun shaida daga kyaftin-kyaftin da ya yi aiki a ƙarƙashinsu, sannan ya ci jarrabawar baka a gaban manyan hafsoshi. Daga baya aka mayar da shekarun teku shida.

Jarrabawar ta aiki ce tsantsa. Akan ce wa yaro: ga jirginka a kusa da duwatsu, iska ta juya, dare ya yi, filafili ya yage, me za ka yi? Idan ya yi inda-inda sai a ce ya koma teku ya ƙara wata shida. Muhimmancin wannan tsari yakan fito fili idan aka dubi sojan ƙasa na Birtaniya, inda aka ci gaba da sayen muƙamin hafsa da kuɗi har zuwa 1871. A sojan ruwa ba a sayar da muƙami, saboda dalili mai sauƙi: kanar marar sani yana iya fakewa a bayan sajensa ya tsira, amma jirgin da aka miƙa wa marar sani a tsakar dare zai nutse da kowa da kowa.

Wannan bai kawar da alfarma ba. Yara kan shiga jirgi suna 'yan shekara 12 ko 13, galibi a hannun wani kyaftin ɗan'uwa ko abokin mahaifinsu, su yi shekaru a matsayin midshifman, wato ɗalibin hafsa da ke kwana a cikin jirgi yana hawa igiya tare da sauran ma'aikata yana kuma koyon lissafin rana da taurari. Wasu iyaye kan sa a rubuta sunan ɗansu a littafin jirgi alhali yaron yana gida, domin shekarunsa na teku su riƙa taruwa. An yi wa Thomas Cochrane haka tun yana ɗan shekara biyar. Horatio Nelson, wanda ya fi kowa suna a tarihin rundunar, ya shiga jirgin kawunsa Maurice Suckling a 1771 yana ɗan shekara 12, ya ci jarrabawar laftanar a 1777 bai kai shekarun da doka ta gindaya ba, kuma kawun nasa yana cikin masu jarrabawar. Yana ɗan shekara 20 ya zama cikakken kyaftin. Duk da haka ƙofar ba ta rufe wa talaka ba. James Cook ɗan leburan gona ne, ya koyi tuƙi a jiragen dakon kwal, ya shiga rundunar a 1755 a matsayin ma'aikacin jirgi, ƙwarewarsa a zanen taswira da gano hanya ta kai shi ga takardar naɗi a 1768.

Daga muƙamin kyaftin zuwa sama kuwa layi ake bi. Wanda ya riga shiga jerin sunaye shi zai riga zama admiral, komai rashin kuzarinsa. Bayan an gama yaƙe-yaƙen Napoleon a 1815 aka ajiye jirage da dama, hafsoshi suka yi yawa, wasu suka tsufa a gida suna karɓar rabin albashi suna jiran na gabansu ya mutu. Provo Wallis ya kasance cikin jerin hafsoshi masu aiki har rasuwarsa a 1892 yana da shekara 100. Irin wannan cunkoso ne ya haifar da dokokin ritayar dole waɗanda duk rundunonin da suka gaji tsarin suke amfani da su yanzu.

Zuwan injin tururi da jiragen ƙarfe ya sa koyo a hannun kyaftin kaɗai bai wadatar ba. Daga 1863 aka girke wani tsohon jirgi mai suna Britannia a kogin Dart domin horar da yara, a 1905 kuma aka buɗe kwaleji a tudu a garin Dartmouth. Injiniyoyi sun daɗe ana kallonsu a matsayin masu baƙin mai a hannu, ba a cin abinci da su a teburin hafsoshi, sai a 1902 aka fito da tsarin da ya nemi haɗa horon farko na masu tuƙi da na masu inji. A wannan kwaleji ta Dartmouth ne hafsoshin farko na Najeriya da Ghana da wasu ƙasashen rainon Ingila suka yi karatu.

Daga bakin teku zuwa Lakwaja

Mutanen gaɓar Najeriya sun fara sanin hafsan sojan ruwa ne a matsayin baƙo mai igwa. Daga 1808 Birtaniya ta girke ayarin jirage a gaɓar Afirka ta Yamma domin tare jiragen bayi, kuma wannan ayari ne ya yi wa Legas ruwan wuta a Disamba 1851 ya kori Oba Kosoko. Jiragen sun dogara ƙwarai da matuƙan ƙabilar Kru na Laberiya, amma a matsayin ma'aikata, ba hafsoshi ba.

Biyu daga cikin hafsoshin wancan zamani sun bar tarihi a ƙasar Hausa da kewayenta. William Balfour Baikie, likitan sojan ruwa, ya shiga da jirgin Pleiad cikin Binuwai a 1854, yana bai wa mutanensa kwinin, ya dawo ba tare da zazzaɓi ya kashe ko mutum ɗaya ba. Daga baya ya zauna a Lakwaja, ya koyi Hausa, ya yi tafiya har Kano. Na biyun shi ne Laftanar John Hawley Glover, wanda jirgin da yake ciki, Dayspring, ya farfashe a kan dutse kusa da Jebba a 1857. Shi ne a 1863 ya tara wasu 'yan tsirarun Hausawa a Legas, akasarinsu waɗanda suka kuɓuto daga bauta, ya ba su bindiga da horo. Daga wannan ƙungiya rundunar sojan ƙasa ta Najeriya take ƙirga shekarunta. Ke nan hafsan ruwa ne ya kafa wa Hausawa hanyar shiga sojan ƙasa, yayin da ruwan kansa ya kasance nesa da su har kusan shekara ɗari bayan haka.

Abin da gwamnatin mulkin mallaka ta kafa a kan ruwa ma'aikata ce ta farar hula mai kama da soja. Akwai sashen jiragen ruwa na Kudu da na Arewa, aka haɗe su a 1914 lokacin da aka haɗe ƙasar. Aikin ma'aikatar shi ne kula da tashoshi, yasar hanyoyin ruwa, kunna fitilun gaɓa, sanya alamun hanya, da jigilar ma'aikata da wasiƙu a Kwara da Binuwai da ƙoramun Neja Delta. Jiragenta sun taimaka wajen kama Duwala daga hannun Jamusawa a 1914. Manyan muƙamai na Turawa ne, da yawansu tsofaffin hafsoshin sojan ruwan Birtaniya. Ɗan ƙasa kan kai matsayin shugaban ma'aikatan jirgi ko mai kula da inji, da wuya ya wuce nan. Amma a nan ne aka tara mutanen da suka san bakin kogunan Bonny da Forcados da Escravos, suka san inda yashi ke taruwa da lokacin da ruwa ke ja. Da wannan sani aka kafa rundunar.

Rundunar 1956

A tsakiyar shekarun 1950 aka raba ma'aikatar gida uku: hukumar tashoshin jiragen ruwa, sashen hanyoyin ruwa na cikin ƙasa, da rundunar ruwa. Rundunar ta fara da jirage da kwale-kwale 11 da ta gada, a ƙarƙashin Kyaftin F.W.J. Skutil, wanda Kwamado A.R. Kennedy ya gaje shi a 1958. A 1957 aka buɗe makarantar horo ta Quorra a Apapa. A 1959 Sarauniyar Ingila ta amince a kira ta rundunar sarauta, Birtaniya kuma ta miƙa mata wani tsohon jirgin share nakiyoyi mai suna Hare, aka sauya masa suna zuwa Nigeria. Da ƙasar ta zama jamhuriya a 1963 aka cire kalmar sarauta daga sunan.

Babbar matsalar shekarun farko ita ce hafsoshi. Ana iya yin odar jirgi a karɓe shi cikin shekara biyu ko uku, amma mutumin da za a damƙa wa babban jirgin yaƙi yakan ɗauki shekara 15 zuwa 20 kafin ya nuna. Hanyoyi biyu aka bi. Ta farko ita ce ɗaga tsofaffin ma'aikatan tsohuwar ma'aikata. Joseph Edet Akinwale Wey, haifaffen Kalaba a 1918, ya shiga ma'aikatar wajen 1940 a matsayin mai koyon aikin inji, ya yi shekaru a jiragenta, ya koma rundunar da aka kafa ta, a 1964 kuma ya zama ɗan Najeriya na farko da ya shugabance ta. Abin lura ne cewa injiniya ne, alhali a al'adar Birtaniya shugabanci na masu tuƙi ne. Nelson Soroh, wanda ya gaje shi a 1973, shi ne ɗan Najeriya na farko da ya shugabance ta daga ɓangaren tuƙi.

Hanya ta biyu ita ce ɗaukar samari da suka gama sakandare a tura su waje, akasari Dartmouth, wasu kuma Indiya da Kanada. Yawancinsu 'yan Kudu ne, daga garuruwan da yaro ke koyon iyo kafin ya shiga makaranta. Amma akwai 'yan Arewa tun a rukunin farko-farko. Murtala Nyako, ɗan Mayo-Belwa a Adamawa, ya shiga rundunar a 1963, ya yi karatu a Dartmouth, ya samu takardar naɗi a 1965. Tarihinsa ya nuna cewa abin da sana'ar ke nema shi ne lissafi, haƙuri da iya riƙe mutane, kuma ana iya koya wa ɗan makiyaya iyo cikin 'yan makonni.

A watan Fabrairu 1964 aka buɗe Makarantar Horar da Hafsoshi ta Kaduna, wadda kowa ya sani da NDA, domin horar da hafsoshin ƙasa da ruwa da sama a wuri ɗaya. Shugabanta na farko Birgediya M.R. Varma ne daga Indiya, kuma an tsara ta ne a kan samfurin makarantar Indiya. Tun daga lokacin, hafsan ruwan Najeriya yana fara aikinsa ne a Kaduna, ɗaruruwan kilomita daga teku, yana fareti da gudu a dajin da ke kewaye da garin tare da waɗanda za su zama hafsoshin ƙasa da na sama. Tsarin yana da fa'ida, domin abotar 'yan aji ɗaya takan sauƙaƙa aikin haɗin gwiwa shekaru da yawa bayan haka. Yana kuma da tsada, domin ɗalibi yana isa ga jirgi a makare idan aka kwatanta shi da yaran da suka tashi a cikin jirgi a tsohon tsari.

Yaƙin basasa da shekarun mai

Rundunar ba ta cika shekara 12 ba aka jarraba ta. A 1965 ta karɓi babban jirginta na farko da aka ƙera domin ta, sabon Nigeria, daga Holan. Bayan juyin mulkin Yuli 1966, Wey ya girmi Laftanar-Kanar Yakubu Gowon a muƙami da shekaru, amma ya amince ya yi aiki a ƙarƙashinsa, kuma yana cikin waɗanda suka je taron sulhu na Aburi a Janairu 1967. Da yaƙi ya matso, hafsoshi da ma'aikata 'yan Gabas suka koma gida, aka rasa ƙwararru da dama a lokaci ɗaya, har da jirgin sintiri Ibadan da ya faɗa hannun Biyafara.

Da abin da ya rage aka toshe gaɓar Gabas, aka sauke sojojin Kanar Benjamin Adekunle a Bonny a Yuli 1967 da Kalaba a Oktoba. Soroh ne ke riƙe da jirgin Nigeria a farmakin Bonny, Akin Aduwo kuma yana riƙe da Ogoja. Shigar da manyan jirage cikin kogi mai yashi, ƙarƙashin wuta, aiki ne da ya dogara da sanin ruwan da aka gada daga tsohuwar ma'aikata. Toshe gaɓar ya yi tasiri ƙwarai a kan yadda yaƙin ya ƙare, kuma yana cikin dalilan yunwar da ta halaka fararen hula masu ɗimbin yawa a yankin. Ga hafsoshin kansu, yaƙin ya gajarta matakai: samari 'yan shekara ashirin da 'yan kai suka riƙe jirage, suka ɗauki nauyin da a lokacin zaman lafiya sai sun yi shekara goma suna jira.

Kuɗin mai na shekarun 1970 ya kawo sababbin jirage daga Ingila, Jamus, Faransa da Italiya. Akwai Dorina da Otobo, sannan Erinomi da Enyimiri, da jiragen sauke sojoji Ambe da Ofiom, da ƙananan jirage shida masu harba makamai masu linzami. Mafi girma shi ne Aradu, wanda kamfanin Blohm da Voss na Hambug ya ƙera, mai tsawon kimanin mita 125, aka shigar da shi aiki a 1982. Waɗannan jirage sun sauya irin hafsan da ake buƙata. Radar da kwamfutar sarrafa makamai da injin gas sun sa injiniyan lantarki ya zama mutumin da jirgi ba ya motsi sai da shi, aka riƙa tura ɗaruruwan hafsoshi kwas a ƙasashen da suka ƙera jiragen. Da yawa daga sababbin hafsoshi kuma sun yi kwas ɗinsu na fasaha a Kochin ta Indiya.

A daidai wannan lokaci mulkin soja ya buɗe wa hafsa wata hanyar ɗaukaka wadda ba ta bi ta kan ruwa. Alfred Diete-Spiff ya zama gwamnan Jihar Ribas a 1967 yana ɗan shekara 25 ko ƙasa da haka kaɗan. Nyako ya zama gwamnan farko na Jihar Neja a 1976, Husaini Abdullahi ya riƙe Bendel, Ebitu Ukiwe ya riƙe Neja da Legas. Ukiwe da Augustus Aikhomu da Mike Akhigbe duk sun kai matsayin mutum na biyu a gwamnatin tarayya. Wasu sun yi aikin kirki a waɗannan kujeru, amma sana'ar ta biya farashi. Shekarun da hafsa ya yi a gidan gwamnati shekaru ne da bai yi a ɗakin tuƙi ba, kuma matashin da ke kallon manyansa ya fahimci cewa kujera a tudu ta fi riƙon jirgi saurin kai mutum gaba.

Faɗuwar farashin mai a shekarun 1980, sannan takunkumin da ƙasashen Yamma suka ƙaƙaba bayan soke zaɓen 1993 da rataye Ken Saro-Wiwa a 1995, sun katse kayan gyara da guraben karatu a waje. Rundunar ta kai sojojin ECOMOG Laberiya a Agusta 1990, ta kuma yi aiki a Saliyo, amma zuwa ƙarshen shekarun 1990 jirage da yawa suna ɗaure a Apapa. Wannan ya taɓa jijiyar sana'ar, domin takardar shaidar ƙwarewa ba ta maye gurbin darare a teku. Bayan 1999 aka shiga farfaɗowa a hankali. Aradu ya je Ingila a 2005 bikin cika shekara 200 da yaƙin Trafalgar. An karɓi jiragen Thunder da Okpabana daga Amurka, Centenary da Unity daga Sin, a 2012 kuma aka ƙaddamar da Andoni, jirgin sintiri na farko da injiniyoyin rundunar suka ƙera da kansu a Legas.

Matakan aiki a yau

Babbar ƙofar shiga ita ce NDA, wadda ta fara bayar da digiri a 1985, ta kuma fara ɗaukar mata a babban kwas ɗinta a 2011. Ana ɗaukar matasa da suka gama sakandare ta hanyar jarrabawa, gwajin lafiya da na ƙarfin jiki, da ganawa da kwamitin tantancewa, kuma ana raba guraben ne jiha-jiha. Bayan shekarun digiri a Kaduna, ɗaliban ruwa kan wuce Kwalejin Sojan Ruwa da ke Onne a Jihar Ribas domin koyon tuƙi, gano hanya, sadarwa da sarrafa makamai, tare da fita teku. Ƙofa ta biyu ta masu digiri ce: likitoci, injiniyoyi, lauyoyi, akantoci, malamai, limamai da fastoci, waɗanda ake ba su horon 'yan watanni a naɗa su. Ta uku ita ce ta ƙananan sojoji da suka shiga a matsayin kurata, suka nuna ƙwazo, aka ɗaga su.

Sunayen muƙaman sukan ruɗa wanda ya saba da na sojan ƙasa. Daga midshifman sai sab-laftanar, sai laftanar, wanda yake daidai da kyaftin na ƙasa. Laftanar-kwamanda daidai yake da manjo, kwamanda da laftanar-kanar, kyaftin na ruwa kuwa kanar ne cikakke. Daga nan sai kwamado, riya admiral, bayis admiral da admiral, daidai da birgediya har zuwa janar.

Matakin da ya fi kowane nauyi a rayuwar ƙaramin hafsa na ɓangaren tuƙi shi ne samun takardar riƙon jirgi. Ana raba yini da dare a teku zuwa zango-zango na awa huɗu, kuma a kowane zango akwai hafsa ɗaya a ɗakin tuƙi wanda jirgi ke hannunsa a madadin kyaftin. Kafin a bar shi shi kaɗai, sai ya yi watanni yana tsayawa a bayan wani, ya haddace dokokin kauce wa karo na ƙasa da ƙasa, ya iya karanta fitilun jirage da dare, ya iya gano inda yake a taswira ko da na'ura ta mutu, ya san lokacin da ya wajaba ya tashi kyaftin daga barci. Kyaftin ne da kansa yake sa hannu a takardar, ma'anarta kuwa ya yarda ya kwanta ya bar ransa da na mutanensa a hannun wannan matashi. Jarrabawar Pepys ce ta 1677 a sabuwar riga.

Daga nan hafsa yakan zaɓi fanni: harba makamai, gano hanya, sadarwa, yaƙin ƙarƙashin ruwa, auna zurfin teku, ko tuƙin jirgi mai saukar ungulu. Akwai jarrabawar ƙarin girma, da kwasa-kwasan Kwalejin Jaji wadda aka kafa a 1976, da na Kwalejin Yaƙi ta sojan ruwa da ke Kalaba, sannan Kwalejin Tsaro ta Ƙasa da ke Abuja, wadda aka kafa a 1992, ko Cibiyar Kuru. Aiki yana karɓa-karɓa tsakanin jirgi da ofis, tsakanin rundunar Yamma a Legas, ta Gabas a Kalaba da ta Tsakiya a Yanagowa. Burin mai tuƙi shi ne a ba shi jirgi nasa, ƙarami da farko, babba daga baya. Idan jirgin ya hau yashi ko ya yi karo, kwamitin bincike kan kyaftin yake fara sauka, ko yana barci lokacin da abin ya faru.

Abokan gabar hafsan yau ba jiragen yaƙin wata ƙasa ba ne galibi. Aikinsa shi ne tsare gaɓa mai tsawon kimanin kilomita 853 da yankin tattalin arziki mai nisan mil 200 cikin teku daga 'yan fashi, ɓarayin ɗanyen mai, masu fasa-ƙwauri da masu kamun kifi ba bisa ƙa'ida ba. Aiki ne da jarabar kuɗi ke kewaye da shi, domin tanka ɗaya ta satar mai tana ɗauke da abin da ya ninka albashin hafsa na tsawon rayuwarsa. A 2005 kotun soja ta samu riya admiral biyu da laifi a kan ɓacewar wata tanka da aka kama, ko da yake Kotun Ƙoli ta soke hukuncin ɗaya daga cikinsu daga baya.

Aikin ya kuma shigo tudu. Akwai sansani a Lakwaja, akwai wani a Baga inda ake yaƙi da Boko Haram a tsibiran Tafkin Chadi da ƙananan jirage cikin ciyawa da ruwa marar zurfi, akwai kwalejin harkokin kayan aiki a Dawakin Tofa ta Jihar Kano. Rabon gurabe jiha-jiha ya sa 'yan Arewa sun yawaita a manyan muƙamai. Nyako ya shugabanci rundunar daga 1990 zuwa 1992. Ibrahim Ogohi ya zama hafsan ruwa na farko da ya riƙe muƙamin Babban Hafsan Tsaro a 1999. Awwal Zubairu Gambo, ɗan Kano, ya shiga NDA a 1984, ya kai kujerar shugabanci a Janairu 2021, bayan shekara 37 a kan hanya. A ɓangaren mata, Itunu Hotonu, masaniyar zanen gine-gine, ta zama riya admiral ta farko a 2012, Jamila Malafa, lauya 'yar Adamawa, ta zama kwamado ta farko daga Arewa a 2017.

Matakan suna ƙuntata yayin da ake hawa. Kowane muƙami yana da iyakar shekarun haihuwa, kuma wanda aka tsallake a ƙarin girma sau da dama sai ya sauka. A ƙa'ida aiki yana ƙarewa bayan shekara 35. Akwai kuma al'adar da ta kafu cewa idan shugaban ƙasa ya naɗa sabon babban hafsa, waɗanda suka riga shi shiga NDA sukan yi ritaya, don haka naɗi ɗaya yana iya fitar da admiral da dama a rana guda, tare da duk kuɗin da aka kashe wajen horar da su. Waɗanda suka sauka sukan shiga kamfanonin jiragen ruwa da na mai, ko koyarwa, ko siyasa da diflomasiyya. Ibok-Ete Ibas ya zama jakadan Najeriya a Ghana a 2021 bayan ya bar shugabancin rundunar. Nyako ya koma noma a Mayo-Belwa har aka san shi da laƙabin Baba Mai Mangwaro, sannan aka zaɓe shi gwamnan Adamawa a 2007.